Alhaji Adamu Halilu da Hoton Shaihu Umar

Dattawan ƙauyukan da ke bakin kogin Watari, a ƙasar Bagwai da maƙwabtanta, har yanzu suna ba da labarin motar majigi. Da kaka ta kan zo, bayan an gama yankan gero hanya ta bushe. Tun da hantsi dagaci zai sa a yi shela, kafin magariba yara sun cika fili. In duhu ya yi sai a kafa farin ƙyalle, a ta da injin da ke ba da wuta, haske ya fito daga akwati ya faɗa bisa ƙyallen, sai ga mutane suna tafiya suna aiki kamar a taɓa su. Ga kuma mai bayani tsaye da lasifika yana faɗa wa jama'a ma'anar abin da su ke gani. Yau a nuna yadda a ke haƙa masai, gobe yadda a ke shuka auduga a jere, wani lokaci kuwa hawan salla ko rangadin Sardauna. Wanda ya fi zama a zukatan mutane shi ne Baban Larai, labarin manomi da sabuwar dabarar noma.

To, a cikin wannan makaranta ta majigi aka yi renon mutumin da za a yi magana a kansa, watau Alhaji Adamu Halilu, wanda ya mai da littafin Shaihu Umar hoton silima a shekarar 1976. Sunansa bai yi yawo kamar sunan 'yan wasan Kano na baya ba, amma wanda ya ke so ya san asalin wannan sana'a a ƙasar Hausa ba shi da hanyar da zai bi ya kauce masa. Abin da a ke nufi a nan shi ne a auna aikinsa da ma'aunin gaskiya, a faɗi inda ya yi gwaninta, a kuma faɗi inda ya gaza, gama yabo tsantsa ba ya ƙara wa mai sana'a kome.

Majigi da Silima

Kafin a shiga labarinsa ya kamata mai karatu ya rarrabe abu biyu. Majigi na hukuma ne, kyauta a ke nuna shi a fili, maza da mata da yara kowa ya zo. Turawan mulki suka kawo shi don koyarwa, har suka kafa ma'aikata ta musamman a Ingila a 1939 don shirya irin waɗannan hotuna. Silima kuwa ta 'yan kasuwa ce, gida ne da a ke biyan kuɗi a shiga, galibi a hannun Kwarori. An buɗe Rex a Kano a 1937. Tun farko malamai da dattawa ba su sake jiki da ita ba, sa'an nan gobarar gidan El Duniya ta 1951, wadda ta ci mutum 331, ta daɗa ɓata mata suna. Abin da a ke nunawa a ciki kuwa na waje ne, na Amurka da na Masar, daga baya na Indiya ya zo ya rinjayi saura.

Saboda haka Bahaushe ya kasance tsakanin abu biyu. A majigi yana ganin irinsa, amma kullum a matsayin wanda a ke koya wa tsabta ko noma. A silima yana samun labari mai daɗi, amma na wasu mutane ne da harshensu da tufafinsu. Ba inda zai je ya ga tarihin kakanninsa da bakin da ya ke ji. Wannan gurbi shi ne Adamu Halilu ya yi nufin cikewa.

Rayuwarsa a Taƙaice

An haife shi a ƙasar Adamawa a 1936. Ya shiga aikin hukuma a sashen yaɗa labarai na Gwamnatin Jihar Arewa, aka kuma tura shi London ya koyi tsara labarin fim da haɗa shi. Haɗawa ita ce a ɗauki dogayen zaren hoto da aka ɗauko a warwatse, a yanke na yankewa, a liƙa wannan da wancan har labari ya miƙe, kamar yadda maɗinki ke haɗa fatala da fatala su zama riga. Wanda ya ƙware a nan ya san sirrin sana'ar duka. Da ya komo sai ya shiga shirya hotunan koyarwa da na al'amuran ƙasa, ya yi su gommai. Cikinsu akwai wanda ya yi a 1963 mai sunan Turanci Mama Learns a Lesson, watau uwa ta koyi darasi, sunan ma ya isa ya nuna irin gidan da ya fito.

Bayan Shaihu Umar ya ɗauki labarin Kanta, jarumin da ya kafa daular Kebbi a ƙarni na 16, ya kuma yi wani mai suna Moment of Truth a 1981. Sa'ad da Gwamnatin Tarayya ta kafa Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, wadda dokarta ta fito a 1979, mazauninta kuma ya zama Jos, shi aka fara ɗora wa shugabancinta. Ya rasu a 2001. Ma'aikacin hukuma ne, da kayan hukuma ya yi aiki. A riƙe wannan, don za a komo kansa.

Littafin da Ya Zaɓa

A 1933 Dokta Rupert East na Hukumar Fassara ta Zariya ya sa gasar rubuta labari da Hausa. Daga ita aka sami Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, da Ganɗoki na Bello Kagara, da Idon Matambayi na Muhammadu Gwarzo, da Jiki Magayi na John Tafida da shi East, da kuma Shaihu Umar na wani saurayin malamin makaranta daga Bauchi, Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda daga baya ya zama Firayim Ministan Nijeriya. Duk wanda ya fita ajin Yaƙi da Jahilci ya san waɗannan littattafai, gama da su a kan gwada ƙarfin karatu.

Labarin sananne ne. Wani babban malami a Rauta, almajiransa suka tambaye shi asalinsa, ya buɗe baki ya faɗa musu. Mutumin Kagara ne, maraya. Uwarsa ta auri wani bafade mai suna Makau, 'yan'uwansa fadawa suka ƙulla masa sharri bayan an komo daga harin kama bayi, sarki ya kore shi. Cikin wannan rikici yaron ya rabu da uwarsa, aka sace shi, ya yi ta faɗawa daga hannu zuwa hannu, har ya zo ga wani Balarabe, Abdulkarim, wanda ya ƙetare Sahara da shi ya riƙe shi tamkar ɗan cikinsa. Can ya yi karatu har ya zama liman. Uwar kuwa ta fita nemansa, ita ma aka yaudare ta aka sayar. Ba su sadu ba sai bayan shekaru masu yawa, a ƙasar Larabawa, tana ganinsa ba ta daɗe ba rai ya yi halinsa.

Kafin Adamu Halilu ya taɓa shi, Umaru Ladan da Dexter Lyndersay sun riga sun mai da shi wasan kwaikwayo, aka buga a 1975. Shi Umaru Ladan ɗin ne kuma ya fito a matsayin Shaihu a cikin hoton.

Inda Ya Yi Gwaninta

Gwanintarsa ta farko ita ce zaɓen labarin. An yi hoton ne dab da babban bikin al'adun baƙar fata da aka yi a Ikko a farkon 1977, wanda a ke kira Festak. A irin wannan taro kowa kan fito da rigarsa ta salla, ya nuna sarauta da dawaki da kaɗe-kaɗe. Shi kuwa sai ya ɗauko labarin da ke tone abin da a ke rufewa, watau cinikin bayi, ba kuma na Turawan bakin teku ba, a'a, na cikin gida, inda mai kai hari da wanda aka kai wa harin duk 'yan ƙasa ɗaya ne. Wannan ba tsohon zance ba ne ga mutanen ƙasar Kano. An rufe kasuwar bayi ta birni ne bayan zuwan Turawa a 1903, doka kuma ba ta kashe bauta ƙurmus a Arewa ba sai 1936, shekara biyu bayan fitowar littafin, shekarar da aka haifi shi Adamu Halilu. Sa'ad da ya ke ɗaukar hoton akwai tsofaffi da rai a rinji da gandaye waɗanda iyayensu suka ga abin da idonsu. Ba ƙaramin ƙarfin zuciya ba ne ma'aikacin hukuma ya ɗauki kuɗin hukuma ya nuna wannan.

Ta biyu ita ce harshe. Da Hausa aka yi shi daga farko har ƙarshe, alhali a zamanin masu wannan sana'a da yawa suna ganin in ba Turanci ba fim ba zai yi daraja ba. A majigi mutanen cikin ƙyalle sau da yawa bebaye ne, mai lasifika ke yi musu magana. A nan kuwa malami na magana da bakinsa, bafade da nasa, uwa da nata. An sallami tafinta. Wanda bai taɓa zama a filin majigi ba ba zai gane girman wannan canji ba.

Ta uku ita ce bai rushe ginin labarin ba. Ya buɗe da zauren karatu, malami da almajirai, tambaya da amsa, sa'an nan labari ya kwararo daga bakin mai shi. Haka Bahaushe ya saba karɓar tarihi, daga bakin babba, a zaune, ba gaggawa. Tsawon hoton awa 2 ne da minti 22. Yaran yanzu da suka saba da waƙa da rawa a kowane lungu za su ce ya yi nauyin tafiya. Amma labarin rabuwa ne da jira, wanda ya gaggauta shi kuwa ya kashe shi. Mai kallo ba zai ji zafin shekarun da uwa ta yi tana nema ba sai shi ma an sa shi ya ɗan jira. A nan horon majigi ya yi masa rana, gama ma'aikatan majigi sun koyi cewa a bar ido ya ƙoshi da abu kafin a gusa.

Akwai kuma abin da hoto ke iyawa wanda takarda ba ta iyawa. A littafi kome daga bakin Shaihu ya ke fitowa, shi kuwa dattijo ne da ya riga ya haƙura, muryarsa a sanyaye ta ke ko da yana ba da labarin tashin hankali. Mai karatu sai ya sanyaya tare da shi. Amma kalmar bawa a rubuce haruffa huɗu ce kawai, in ko aka tsai da mutum mai fuska da ido aka ce wannan na sayarwa ne, zance ya sake. Gani ya kori ji. Shi ya sa wanda ya kalli labarin ya kan tashi da tausayin uwar fiye da sha'awar ɗaukakar ɗan.

Inda Ya Gaza

To, ba a rasa nono a ruga, ba a kuma rasa aibi a aikin ɗan Adam. Babban rauninsa daga littafin ya gado shi. Umar ba ya aikata kome sai abin da aka aikata masa. A sace shi, a tsince shi, a ba da shi, a karantar da shi, kamar kara a bakin ambaliya. Abu ɗaya da ya ƙudura da kansa shi ne neman uwarsa bayan ya yi mafarki, wannan kuwa ya zo a makare. A takarda ana iya jure wa irin wannan, don muryarsa na riƙe da mai karatu. A ƙyalle kuwa ido na neman mutumin da ke yanke shawara yana ɗaukar sakamakonta, sai ya tarar masu yin haka su ne Makau da uwar, ba mai sunan labarin ba.

Rauni na biyu ya fi wannan nauyi. Labarin yana hukunta mutane ɗai-ɗai, amma bai hukunta cinikin kansa ba. Fadawa masu hassada miyagu ne, mayaudari mugu ne, ubangiji mai azaba mugu ne. Abdulkarim kuwa mutumin kirki ne, alhali shi ma fataucin nan ne ya kawo shi ƙasar Hausa. Mai kallo zai iya tashi yana cewa laifin na mugun ubangiji ne, da duk irin Abdulkarim ne da ba kome. Yaro guda ya dace ya zama shaihi, sauran da aka kora tare da shi fa, ina labarinsu?

Masu kare labarin su kan ce ai darasin ƙaddara ne da haƙuri, su kawo misalin ƙissar Annabi Yusufu, tsira da aminci su tabbata a gare shi, wanda shi ma aka raba shi da mahaifi, aka sayar, aka kai shi Masar, Allah ya ɗaukaka shi a can. Lalle kamannin a fili ya ke, kuma da wuya a ce marubucin bai tuna da shi ba. Amma duk almajiri ya san yadda ƙissar ta ƙare: 'yan'uwan da suka yi laifi sun tsaya gabansa sun amsa laifinsu da bakinsu, sa'an nan ya yafe. Yarda da ƙaddara ba ta hana a kira zalunci da sunansa. A Shaihu Umar ba wanda ya tsaya ya amsa.

Tafawa Ɓalewa yana da uzuri, saurayi ne ɗan shekara ashirin da 'yan kai, a ƙarƙashin En'e, lokacin da ko dokar kashe bauta ba ta kammala ba. Shi ne kuma daga baya, a 1950, ya miƙe a Majalisar Kaduna ya nemi a gyara mulkin En'e, ashe abin da ya rubuta game da fada da fadawa yana nan a ransa. Adamu Halilu kuwa ya zo bayan shekara arba'in da ɗori, yana da damar ya ƙara matsawa. Ya zaɓi ya bi sawun littafin. Ana iya gane dalili. Marubucin Firayim Minista ne da aka kashe a Janairun 1966, jinin bai gama bushewa a zukata ba, taɓa maganarsa sai ya zama kamar taɓa kabarinsa. Ga kuma tarbiyyar majigi, inda ba a saba barin mai kallo da tambaya ba, sai dai a sallame shi da darasi a ƙulle. Makarantar da ta ba shi haƙuri da sanin jama'a ita ce kuma ta ɗaure masa hannu.

Ɓata da Samuwa

Duk da haka babbar hasarar ba a cikin hoton ta ke ba, a abin da ya same shi ne. Fim na zare abu ne mai tsada, kayan ɗauka da na wankewa duk daga waje a ke sayo su. Masu gidajen silima kuwa sun fi son na Indiya da na Amurka, waɗanda ke zuwa da araha suna cika gida. Da darajar naira ta faɗi daga 1986 sai sana'ar zare ta durƙushe. A 1990 'yan ƙungiyar Tumbin Giwa suka fito da Turmin Danya a kaset ɗin bidiyo a Kano, sabuwar kasuwa ta buɗe, ta bi wata hanya dabam, mafi yawan 'ya'yanta ba su taɓa ganin aikin wanda ya riga su ba.

Shaihu Umar kuwa ya shiga gwangwani aka rufe, har aka ɗauka ya ɓata. Zaren fim ba ya son zafi da laima, in an bar shi ya kan yi tsami, launinsa ya koɗe, ya manne da juna. Sai a 2016 aka tarar da shi a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai, hukumar da shi Adamu Halilu ya shugabanta. Wata cibiya ta birnin Barlin a Jamus, mai suna Arsenal, ta ɗauki aikin gyaransa, aka nuna shi a babban taron fina-finai na birnin a 2018, shekara 17 bayan rasuwar mai shi. Abin mamaki, hoton ya bi sawun yaron da ke cikinsa: an haife shi a ƙasar Hausa, ya ɓace, sai a wata ƙasa mai nisa aka raya shi.

Godiya ta tabbata ga waɗanda suka tono shi da waɗanda suka gyara. Amma akwai abin kunya a nan da bai kamata a haɗiye ba. Malamin ƙauye kan ajiye littafin kakansa a gafaka shekara ɗari, yana shanya shi yana kore masa gara, ba albashi ba ofis. Aikin da aka kashe dukiyar jama'a aka yi kuwa ya kasa samun irin wannan riƙo. A tambayi dattawan Watari a yau, za a sami wanda zai ba da labarin Baban Larai tiryan-tiryan, amma da wuya a sami wanda ya ga Shaihu Umar, ko da ya ke labarin kakanninsu ne, da harshensu. Hoton da ke koya musu noman auduga an kawo musu har ƙofar gida, wanda ke faɗa musu ko su wane ne bai iso ba.

Hukunci

In an tara an auna, Adamu Halilu mutum ne da ya karɓi kayan aikin da aka ƙera don yi wa talaka wa'azi, ya juya su ya ba talaka tarihinsa. Bai kai ƙarshen hanya ba, ya tsaya inda littafi ya tsaya, ya bar tambaya mafi zafi ba a yi ta ba. Amma shi ya sari dajin, wanda ya zo baya noma kawai ya rage masa. Masu shirya fim na Kano suna da abin koyi a gare shi: cewa ƙasar nan cike ta ke da labaru, ba sai an yi aro ba, da kuma cewa mai kallo na iya haƙuri in an ba shi abin da ya cancanci haƙuri.

Saura aiki ɗaya, ba kuwa mai wuya ba ne. Tun da hoton ya warke, haƙƙin mutanen karkara ne a kai musu shi. Farin ƙyalle bai yi tsada ba, filin makaranta yana nan, kaka kuma ba ta daina zuwa ba. In an gama nunawa kada a sa mai lasifika ya faɗi darasi, a bar jama'a su yi gardamarsu, tsoho ya faɗi abin da ya ji daga kakarsa, yaro ya yi tambayar da labarin ya ƙi yi. Ran da aka yi haka a Bagwai da Bichi da sauran garuruwa, ran nan Shaihu Umar zai zama ya komo gida. Allah ya ji ƙan Alhaji Adamu Halilu, ya ji ƙan Abubakar Tafawa Ɓalewa, ya sa a san darajar abin da suka bari, amin.